Wace hukuma ce za a tuhuma idan rayuka suka salwanta a manyan hanyoyinmu?

Malamin Sakandare, Zariya, ya rubuta:

Assalamu alaikum. Ina da tambaya ga waɗanda suka san aikin gwamnati da harkar sufuri, kuma ina fatan a amsa mini da ilimi.

A daren 15 ga Oktoban 2024 tankar mai ta kife a garin Majiya da ke Ƙaramar Hukumar Taura ta Jihar Jigawa, jama'a suka taru suna kwasar fetur, wuta ta tashi ta hallaka mutum fiye da 150. Wata uku bayan haka, ranar 18 ga Janairun 2025, irin wannan musiba ta sake aukuwa a Mararrabar Dikko ta Jihar Neja, inda aka rasa mutum fiye da 80. A ƙarshen Mayun 2025 kuma motar da ta ɗauko tawagar 'yan wasan Jihar Kano daga gasar wasanni ta ƙasa da aka yi a Jihar Ogun ta faɗa ƙarƙashin gada a kan hanyar Zariya zuwa Kano, ana dab da isa gida, fiye da mutum 20 suka riga mu gidan gaskiya. Allah Ya jiƙansu baki ɗaya. Waɗannan su ne waɗanda labarinsu ya cika kafafen yaɗa labarai, ban da ƙananan haɗurran da ke cin mutum biyar ko goma, waɗanda ba a jin su sai a unguwannin da aka kai gawarwaki.

Abin da ke ɗaure mini kai shi ne, duk wanda ya bi hanyar Kaduna zuwa Kano ya san ba ƙarancin jami'ai ke damunmu ba. Akwai jami'an Hukumar Kiyaye Haɗurra ta Ƙasa, wato FRSC, akwai 'yan sanda, akwai jami'an duba lafiyar motoci da muke kira VIO, idan aka shiga Kano ga KAROTA, idan aka shiga Kaduna ga tasu hukumar. Kowa yana da ikon tsayar da direba ya nemi takarda. To amma idan haɗari ya auku, abin da muke ji shi ne saƙon ta'aziyya, da alƙawarin kafa kwamiti, sannan shiru. Tambayata ita ce: a tsarin doka, wace hukuma ce ke da alhakin rage mace-mace a manyan hanyoyi, wa ke sa ido a kan aikinta, kuma da wane ma'auni ake gane ta yi nasara ko ta gaza? Ina koyar da darasin sanin haƙƙin ɗan ƙasa, kuma ɗalibaina sun cancanci amsar da ta wuce a ce musu ƙaddara ce. Mun yi imani da ƙaddara, amma imanin bai ɗauke wa mai riƙe da amana nauyin amanarsa ba.

Barista Mai Nazarin Dokoki, Abuja, ya amsa:

Wa alaikumus salam, Malam. Amsar da ke rubuce a takarda mai sauƙi ce: FRSC ce jagorar wannan aiki a matakin tarayya. An kafa ta a Fabrairun 1988 zamanin mulkin Janar Ibrahim Babangida ta hanyar dokar soja mai lamba 45, Farfesa Wole Soyinka ne shugabanta na farko. A 1999 an haɗe ta da rundunar 'yan sanda, aka sake raba su a 2003, sannan Majalisar Tarayya ta yi mata dokar da take aiki da ita a 2007. Dokar ta ɗora mata rage haɗurra, da wayar da kan direbobi da sauran jama'a, da tsara lasisin tuƙi da lambar mota, da kawar da abin da ya tare hanya, da kai agajin gaggawa ga waɗanda suka ji rauni. Tana ƙarƙashin Fadar Shugaban Ƙasa ne, ta ofishin Sakataren Gwamnatin Tarayya.

Inda matsalar take shi ne abubuwan da ke haddasa haɗari ba a hannunta suke ba. Gina babbar hanyar tarayya aikin Ma'aikatar Ayyuka ne, cike ramukanta aikin hukumar FERMA ne wadda aka kafa a 2002. Duba lafiyar mota da jarraba mai neman lasisi aikin VIO ne, su kuma ma'aikatan jihohi ne. Ingancin tayar da aka shigo da ita aikin hukumar kula da ingancin kayayyaki ne tare da kwastam. Lodin tankar mai yana ƙarƙashin NMDPRA, hukumar da ke kula da dako da rarraba man fetur. Binciken haɗarin da aka rasa rai a cikinsa domin gurfanar da mai laifi yana hannun 'yan sanda. Ko lasisin tuƙin da ke aljihun Malam hannu uku ne suka taru a kansa: hukumar tara haraji ta jiha ta karɓi kuɗi, VIO su yi gwaji, FRSC ta ɗauki bayanai ta buga kati. Saboda haka idan aka samu direban da bai iya tuƙi ba riƙe da lasisi na gaske, kowane ɗaya daga cikin ukun yana da wanda zai nuna wa yatsa.

Kundin Tsarin Mulki na 1999 ma ya raba ikon gida biyu. Zirga-zirga a kan manyan hanyoyin tarayya tana cikin abubuwan da Majalisar Tarayya kaɗai ke yi wa doka, sauran hanyoyi kuwa na jihohi ne da ƙananan hukumomi. Hanyoyin tarayya ba su wuce kimanin kilomita 35,000 ba daga cikin kusan 200,000 da ƙasar ke da su, ko da yake su ne ke ɗauke da mafi yawan tafiye-tafiye masu nisa. A kan wannan ne Kotun Ɗaukaka Ƙara da ke Asaba ta yanke hukunci a 2023 cewa ikon FRSC ya tsaya ga hanyoyin tarayya. A Oktoban 2024 kuma Babbar Kotun Tarayya a Abuja ta ce jami'an VIO na Birnin Tarayya ba su da hurumin tsayar da mota a hanya su ƙwace ta ko su ci tara. Ba ina sukar kotuna ba ne, domin sun fassara dokar da aka ajiye a gabansu. Laifin na masu yin doka ne, waɗanda suka bar iyakokin aiki a cakuɗe har ya zama sai alƙali ne zai warware su ɗaya bayan ɗaya.

Dangane da sa ido, akwai majalisar ba da shawara kan kiyaye haɗurra ta ƙasa, wadda Mataimakin Shugaban Ƙasa ke jagoranta, aka ƙaddamar da ita a 2017, kuma a cikinta akwai gwamnoni da ministoci. Akwai tsarin aiki na ƙasa wanda zangonsa na biyu ya kama daga 2021 zuwa 2030, daidai da ƙudurin Majalisar Ɗinkin Duniya na rage mace-macen hanya da rabi kafin 2030. Akwai kuma kwamitocin Majalisar Tarayya, waɗanda sashe na 88 da na 89 na Kundin Tsarin Mulki suka ba ikon kiran kowane shugaban hukuma ya yi bayani. Sai dai majalisar da Mataimakin Shugaban Ƙasa ke jagoranta shawara take bayarwa, ba ta riƙe kasafin kowa ba, kuma ba ta sauke kowa daga kujerarsa. A ganina nan ne babban giɓin yake. Ba mu da wani jami'i guda wanda za a ce masa: bara mutum kaza suka mutu a hanyar Abuja zuwa Kano, bana adadin ya ƙaru, zo ka faɗa mana dalili, kuma makomar kujerarka tana rataye da amsar da za ka bayar.

Tsohon Direba, Funtuwa, ya amsa:

Barista ya yi bayani mai gamsarwa a kan ofisoshi, ni kuma zan yi magana daga inda ƙafata ta taka, domin na yi shekaru masu yawa ina jan motar haya kafin ƙarfi ya ja baya. Gaskiyar magana ita ce, haɗari yana farawa ne tun daga tasha, tun mota ba ta hau kwalta ba, kuma a tasha ne gwamnati ta fi yin sakaci.

Direban da ba shi ne mai mota ba akwai balas ɗin da zai kai wa maigidansa kullum ko kowane sawu. Daga kuɗin fasinja zai sayi mai, wanda farashinsa ya ninka tun da aka janye tallafi a 2023, ya biya kamasho da kuɗin ƙungiya, ya ware na goro saboda shingayen da ke gabansa, abin da ya saura shi ne nasa da iyalinsa. Idan lissafi bai fita ba, hanya uku ce a gabansa: ya ƙara fasinja fiye da kujerun mota, ya ƙara gudu domin ya samu juyowa a rana guda, ko ya hana idonsa barci. Yawancinsu ukun suke haɗawa. Wanda barci ya fi ƙarfinsa sai ya koma ga ƙwaya, kuma a bakin tashar ake sayar da ita kowa yana gani. Ba ina wanke direbobi ba ne, akwai masu ganganci a cikinmu waɗanda ko an ninka musu kuɗin mota ba za su sassauta ƙafa ba. Amma hukumar da ta tsaya a tsakiyar hanya tana jiran motar da aka riga aka yi wa obalodi ta makara, domin da a ƙofar tasha ta tsaya da ba a kai ga haka ba.

Dokar gudu a bayyane take. Ƙaramar mota ta gida kilomita 100 a sa'a a kan tagwayen hanya, bas da tasi 90, tanka da tirela 60. A Fabrairun 2017 FRSC ta fara tilasta wa motocin haya sanya na'urar taƙaita gudu, kuma tunani ne mai kyau. Manyan kamfanonin sufuri da yawa sun sa, domin akwai tsarin da ke sa ido a kan duk mai motoci biyar zuwa sama. Amma mafi yawan fasinjan Arewa ba motar kamfani yake shiga ba, Sharon yake shiga ko Golf ko bas ta mutum ɗaya, kuma a nan ba wuya a sa na'urar a karɓi takardar shaida, sannan a je wajen mai wayarin ya cire ta. Jami'in da ke hanya takarda yake dubawa, ba shi da abin da zai gwada ko na'urar tana aiki. Haka batun taya yake. Hukumar tana cewa kada taya ta wuce shekara huɗu daga ranar da aka ƙera ta, kuma mako da shekarar suna rubuce a jikinta da lambobi huɗu. To ga tayoyin gwanjo nan jibge a kasuwanni, ta kan iyaka ko ta tashar jiragen ruwa suka shigo, kuma ba direba ne ke gadin iyaka ba.

Abin da ya fi sosa mini rai shi ne tirelar da ake loda wa shanu ko buhunan hatsi daga kasuwannin Arewa, sannan a ɗora matasa talatin ko hamsin a samanta za su Kudu neman abinci. Idan irin wannan mota ta faɗi, ba a maganar mutum biyu ko uku. Tirelar nan tana wuce shinge bayan shinge daga Sakkwato ko Maiduguri har Legas, babu jami'in da zai ce bai gan ta ba. Idan gwamnati da gaske take, ta ɗaure alhakin a wuyan shugabannin tasha da na kasuwar da aka yi lodin, da mai motar, ta yadda idan aka kama tirela da mutane a kanta za a bi sawu har inda ta taso. Ƙungiyoyin direbobi suna da rajistar kowace mota da ta tashi daga tasharsu, tunda ba sa barin ko ɗaya ta fita ba ta biya ba. Wanda ke iya karɓar kuɗi a kan kowace mota yana iya ƙirga fasinjanta.

Ma'aikaciyar Jinya, Kano, ta amsa:

Baba Direba, Allah Ya saka da alheri. Ina so in ɗauki ɓangare na uku na tambayar Malam, wato ma'auni, domin ina ganin ko adadin mamatan ma ba mu riƙe shi daidai ba.

Alƙaluman da FRSC ke fitarwa suna nuna mutum dubu biyar da wani abu ne ke mutuwa a shekara: 5,081 a 2023, sannan 5,421 a 2024. Ƙiyasin Hukumar Lafiya ta Duniya kuwa ya haura 30,000 a shekara ga Najeriya. Wannan tazara tana da dalili, kuma mu da ke aiki a sashen agajin gaggawa muna ganinsa. Jami'in kiyaye haɗurra yana rubuta waɗanda ya tarar a wurin da abin ya faru. Wanda aka kawo mana da rai ya cika bayan kwana uku sau da yawa ba ya komawa cikin wancan lissafi, alhali ƙa'idar da duniya ke bi ita ce a ƙirga duk wanda ya mutu cikin kwana 30 sakamakon haɗarin. Wanda ya rasu a hanyar ƙauye kuma danginsa suka ɗauke shi aka yi masa sutura kafin faɗuwar rana, kamar yadda addini ya koyar, babu littafin da sunansa ya shiga. 'Yan sanda da nasu rajistar, asibiti da tasa, FRSC da tata, ba a haɗa su wuri guda yadda ya kamata. Gwamnatin da ta yi alƙawarin rage mace-mace da rabi kafin 2030 ya wajaba ta fara sanin rabin nawa take nufi.

Sai kuma abin da ke faruwa bayan haɗari. Da yawa daga cikin waɗanda muke rasawa ba bugun farko ne ya kashe su ba, zubar jini ne da toshewar numfashi da jinkirin isowa asibiti. Akwai lambar gaggawa ta FRSC, 122, wadda kiranta kyauta ne, kuma ya kamata kowane matafiyi ya haddace ta. Hukumar tana da motocin ɗaukar marasa lafiya da ƙananan asibitocin bakin hanya a wasu wurare, kuma jami'anta suna ƙoƙari ƙwarai, na sha ganinsu sun kawo mutane tsakar dare kayansu jina-jina. Sai dai wuraren sun yi kaɗan idan aka kwatanta da tsawon hanyoyin, shi ya sa mafi yawan majinyata a bayan a-kori-kura ko cikin a-daidaita-sahu suke isowa, an naɗe wanda ƙashin bayansa ya karye kamar ba abin da ya same shi, da kyakkyawar niyya amma ba tare da sani ba.

Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014, a sashe na 20, ta haramta wa kowane asibiti ƙin karɓar wanda ke buƙatar agajin gaggawa bisa kowane dalili. Dokar ta kuma ware kashi biyar cikin ɗari na asusun kula da lafiya a matakin farko domin irin wannan jinya. Amma dokar da ta ce a karɓi majinyaci ba ta isa ba idan babu jini a ma'ajiya, babu likitan ƙashi a kusa, kuma asibitin bai san wanda zai biya shi ba. Inshorar dole da kowace mota ke yanka, wadda aka ƙara kuɗinta ga ƙananan motocin gida daga naira 5,000 zuwa 15,000 a farkon 2023, an yi ta ne domin wanda mota ta ji wa rauni ko ta yi wa ɓarna. Kaɗan ne daga cikin iyalan da nake gani suka san suna da wannan haƙƙi, kuma ban ga hukumar da ta ɗauki nauyin sanar da su a bakin gadon asibiti ba.

Injiniyan Hanyoyi, Kaduna, ya amsa:

Na yarda da Barista cewa alhaki a warwatse yake, amma ina da ja a kan cewa naɗa mutum guda da za a tuhuma shi ne zai warware matsalar. Idan aka ɗora wa shugaban FRSC alhakin duk wanda ya mutu a hanya alhali ba shi da ta cewa a kan yadda aka zana hanyar, abin da za a samu shi ne matsin lamba a kan alƙaluma, ƙananan jami'ai su fara rage adadin da suke kai rahoto, ga shi kuwa Ma'aikaciyar Jinya ta nuna mana cewa adadin tun yanzu a tauye yake.

Kusan duk rahoton haɗari a ƙasar nan yana ƙarewa ne da cewa gudun wuce sa'a ne, ko fashewar taya, ko ƙwacewar mota. Wannan gaskiya ne, amma rabin gaskiya. Direba ɗan Adam ne, zai yi kuskure a Najeriya kamar yadda zai yi a ko'ina. Tambayar injiniya ita ce me ya sa kuskuren ya zama ajali. A 1997 majalisar dokokin Suwidin ta amince da manufar cewa masu tsara hanya suna da kaso a alhakin duk ran da aka rasa a kanta, daga nan suka shiga raba hannuwan hanya da shingen waya domin hana karo gaba da gaba, suka rage gudu a inda mutane ke tsallakawa, kuma yau suna cikin ƙasashen da mace-macen hanya suka fi ƙaranci a duniya. Mu kuwa idan mota ta faɗa ƙarƙashin gada, ba kasafai ake tambaya ko gadar tana da shingen kariya mai ƙarfin da zai tare bas ba, ko akwai alamar gargaɗi kafin a iso ta, ko fentin layin yana ganuwa da dare.

A dubi hanyar Abuja zuwa Kaduna zuwa Kano. An fara aikin sake gina ta a 2018, aka shafe shekaru ana karkatar da motoci zuwa hannu ɗaya, masu tafiya da masu dawowa suna goga kafaɗa, a wurare da dama babu fitila babu isassun alamomi. Tsarin tafiyar da motoci lokacin aiki wani ɓangare ne na kwangila, ana biyan kuɗinsa, kuma ma'aikatar da ta ba da aikin ce ya kamata ta tabbatar an yi shi. A inda aka kammala kuma wata matsalar ta taso: kwalta ta yi sumul, gudu ya ƙaru, amma hanyar tana ratsa tsakiyar garuruwa da kasuwanni inda yara da tsofaffi ke tsallakawa. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce duk ƙarin kashi ɗaya cikin ɗari a matsakaicin gudu yana ƙara haɗarin mutuwa da kashi huɗu. Jama'ar gari idan suka gaji da binne 'ya'yansu sai su zuba nasu tudun rage gudu ba bisa ƙa'ida ba, shi kuma ya zama sanadin wani haɗarin. Ga Tafa da Mararrabar Jos, inda manyan motoci suka daɗe suna kwana a kafaɗar hanya saboda rashin wadataccen wurin ajiye su.

Game da tankokin mai da Malam ya fara da su, tushen abin ya wuce direba. An shimfiɗa bututun mai zuwa defo-defo na Arewa tun shekaru da dama, amma fasa bututu da rashin gyara sun kashe tsarin, matatar Kaduna ta daɗe ba ta aiki, jirgin ƙasa kuma bai karɓi dakon kaya masu nauyi ba. Saboda haka fetur ɗin da ake sha a Dutse ko Gusau a kan taya yake tahowa tun daga bakin teku. Bayan musibar Dikko hukumar NMDPRA ta hana lodin tankar da ke ɗaukar lita 60,000 daga 1 ga Maris 2025, kuma mataki ne da ya dace. Sai dai nauyin da ya wuce ƙima ba a tanka kaɗai yake ba, kuma ba za a iya hana shi ba sai da sikelin auna manyan motoci da ke aiki dare da rana. Motar da ta ɗauki fiye da ƙarfinta birkinta ba ya kamawa a gangare, sannan ita ce ke farfasa kwaltar da aka kashe biliyoyi a kanta. Abin da nake so in gani shi ne doka ta wajabta binciken ƙwararru masu zaman kansu a kan duk haɗarin da ya ci rayuka masu yawa, kamar yadda ake yi idan jirgin sama ya faɗi, a wallafa rahoton kowa ya karanta, a rubuta sunan hukumar da kowace shawara ta shafa da wa'adin aiwatar da ita.

Malamin Sakandare, Zariya, ya sake rubutawa:

Na gode muku baki ɗaya, Allah Ya ƙara basira. Na fahimci cewa FRSC ce jagora a doka, amma hanya da mota da asibiti da tasha duk suna hannun wasu. Barista, mene ne ra'ayinka a kan jan da Injiniya ya yi? Sannan akwai abin da talaka ko ƙungiyar gari za su iya yi da dokokin da ake da su yanzu, kafin a samu gyaran da kuke magana a kai? A kan hanyar da ɗalibaina ke tsallakawa zuwa makaranta akwai kwanar da kowa a garin ya san tana cin mutane.

Barista Mai Nazarin Dokoki, Abuja, ya sake amsawa:

Jan Injiniya yana kan hanya, kuma ba ya rushe abin da na faɗa, yana nuna matakin da ya kamata a ɗora alhakin ne. Wanda za a tuhuma dole ya kasance sama da ma'aikatun duka, mai ikon cewa Ma'aikatar Ayyuka ta gyara gada kaza a kasafin bana, kuma alƙaluman da za a auna shi da su wata hukuma dabam ce za ta tattara su daga asibitoci da 'yan sanda da FRSC, kamar Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa. Ina ƙara da cewa a daina yaba wa hukumomin hanya da yawan motocin da suka kama ko kuɗin tarar da suka tara, musamman na jihohi, domin duk hukumar da aka mayar hanyar samun kuɗin shiga za ta fi son tsayawa inda tara ke da sauƙin samu, ta bar inda mutane ke mutuwa.

Game da kwanar da Malam ya ambata, a fara da tantance mai hanyar, ta tarayya ce ko ta jiha, domin shi ne zai nuna ofishin da za a nufa. Idan ta tarayya ce, akwai kwanturolan ayyuka na tarayya a kowace jiha, akwai ofishin FERMA, akwai kuma kwamandan FRSC na jiha. Ƙungiyar iyaye da malamai tare da mai unguwa ko hakimi su rubuta takarda guda, su jera ranakun da haɗurra suka auku a wurin da adadin waɗanda abin ya shafa, su faɗi abin da suke nema a fili, ko alamar gargaɗi ce, ko tudun rage gudu na ƙa'ida, ko gadar masu tafiya a ƙasa, su kuma karɓi kwafin da aka buga wa hatimin karɓa. Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011 ta ba kowane ɗan ƙasa damar neman bayanan haɗurran wannan yanki daga hukumar tarayya, kuma ta ba hukumar kwana bakwai ta amsa, idan ta ƙi ana iya zuwa kotu. A aika kwafi ga ɗan majalisar wakilai na mazaɓar, domin yana iya gabatar da koken a zauren majalisa a miƙa shi ga kwamitin korafe-korafen jama'a, wanda ke da ikon gayyatar jami'an da abin ya shafa. Kafin a samu amsa, makarantar tana iya neman ofishin FRSC mafi kusa ya kafa mata ƙungiyar kiyaye haɗurra ta ɗalibai, ya kuma turo jami'ai ko 'yan sa-kai na hukumar su riƙa tsallakar da yara a lokacin zuwa da lokacin tashi.